Na taka gadar Selma da ƙafata

Satin da ya wuce ni da wani abokin karatuna muka tuƙa daga Montgomery zuwa Selma a jihar Alabama ta Amurka, mil 54 ne, hanyar da mutane suka taka a ƙafa a 1965 suna neman a bar baƙar fata su yi zaɓe. Tun ina gida nake ganin hoton gadar Edmund Pettus, inda 'yan sanda suka far wa mutum kusan 600 da kulake da barkonon tsohuwa ranar 7 ga Maris, har suka fasa wa John Lewis, ɗaya daga cikin jagororin tattakin, kai. Wata biyar bayan nan Shugaba Johnson ya sa hannu a dokar 'yancin zaɓe. To gada dai ga ta nan, ba ta ma kai girman da nake zato ba, kuma har yau sunan janar ɗin sojan Kudu masu kare bauta ne a jikinta, mutumin da aka sani da jagorancin Ku Klux Klan, ƙungiyar fararen fata masu ƙin jinin baƙar fata. Ikon Allah.

Amma wallahi abin da ya tsaya min a rai cikin garin ne. Kana saukowa daga gadar sai shaguna a garƙame, wasu an toshe tagoginsu da katako, bas ɗin 'yan yawon buɗe ido ta tsaya kowa ya ɗau hoto a koma mota, ko ruwa ba a saya ba. Tun da aka rufe sansanin sojan sama na Craig a 1977 aiki ya yi ƙaranci, ga guguwar Janairun 2023 ta zo ta yaye rufin gidaje.

A hanya kuma mun ratsa gundumar Lowndes, nan ne masu gonaki suka kori manoman haya daga gidajensu don kawai sun yi rajistar zaɓe, suka koma zama a tantuna bakin titi. Ƙasar wurin baƙa ce mai laka, ita ta yi wa masu bayi arzikin auduga, amma ba ta shan ruwa, sai sokawe ya ƙi aiki, wanda ba shi da kuɗin na zamani sai dai ya ja bututu ya zubar da ƙazanta a bayan gidansa. A Amurka fa!

Da yunwa ta ci mu muka shiga wani ɗan gidan abinci, aka kawo soyayyar tarwada da wake da kuɓewa, ita ma kuɓewar soya ta suka yi, ba yauƙi ko kaɗan. Abokina ya cinye tasa ya ja tawa.