Daƙiƙa 14 da na ƙi yankewa

Shekara 11 ke nan ina tace finafinan labarin gaskiya, amma har yau idan na faɗi sana'ata sai a ɗauka aikina bai wuce cire wuraren da kyamara ta girgiza ba. A fim ɗin wasan kwaikwayo ana rubuta labari kafin a fita ɗauka. Mu kuwa sai darakta ya dawo ya zube mana hotuna tuli a kwamfuta, sannan mu shiga laluben labarin da ke ɓoye cikinsu.

Duk sanda haƙurina ya kusa ƙarewa nakan tuna da Ziva Postec, wadda ta tace fim ɗin Shoah na Claude Lanzmann, kan kisan kiyashin da 'yan Nazi suka yi wa Yahudawa. An ɗauko hotuna na kimanin awa 350, ta zauna kansu tun daga 1979 har zuwa 1985, aka fitar da fim mai tsawon awa 9 da rabi. A wancan zamanin da hannu ake yanka zaren fim a liƙa shi, babu maɓallin da za a danna a koma baya idan an yi kuskure. Duk da haka, kusan kowa sunan Lanzmann kaɗai ya sani, abin da har yanzu yake ɗan sosa mini rai.

Abin da ya fi nauyi a aikin shi ne amanar maganar mutane, domin edita yana iya haɗa rabin jimla da rabin wata ya sa mutum ya faɗi abin da bai taɓa nufi ba, kuma mai kallo ba zai gane ba.

A wani fim da na tace, akwai wata dattijuwa da aka tambaya game da ɗanta da ya rasu. Ta buɗe baki, ta rufe, ta kama gefen mayafinta tana murzawa, ta yi shiru na daƙiƙa 14 kafin ta ce uffan. Daraktan ya ce in yanke, wai masu kallo za su ƙosa. Muka kwana biyu muna jayayya, daga bisani na kunna masa wurin sau biyu, da shirun da kuma babu shi. Bai ce na yi gaskiya ba, sai dai ya miƙe ya ɗauki jakarsa, ya ce in wuce zuwa fitowa ta gaba.