Riƙon unguwa a Los Santos daga Gusau

A sabar (wato dandalin intanet da ’yan wasa ke haɗuwa) da nake shiga ta GTA San Andreas, wasan bidiyon nan da ya fito a 2004, ba ka isa ka zaro bindiga don kawai ka ga dama ba. Manhajar SA-MP ce ke tara jama'a a gari ɗaya, Los Santos, kowa da sunan da ya raɗa wa kansa da sana'arsa: wannan ɗan sanda, wancan direban tasi. Ni ɓangaren ’yan dabar Grove Street na shiga, masu koren kaya, abokan gabarmu kuwa Ballas.

Abu na farko da aka koya mini shi ne kai daban, mutumin da kake sarrafawa a cikin wasan daban. Labarin da ka ji a Discord, manhajar hira da ke wajen wasan, ba ka da ikon aiki da shi, tunda bai shiga kunnen mutuminka ba. In ka kashe wani babu dalili, masu kula da sabar su dakatar da kai.

Dokar da ta fi kama ni ita ce ta tsoro. In an ɗora maka bindiga, dole ka ɗaga hannu ka bi umarni kamar mai rai ɗaya. Wasu na ƙorafi wai tana rage armashi. Ni da nake Zamfara, inda ƙarar bindiga ba labari ba ce, ina ganin ita ce gaskiyar wasan. Ita ta sa na karkata ga sulhu. Dare guda mun zauna da shugaban Ballas a bayan wani gidan mai, motoci a kashe, muna rubuta sharuɗɗa layi-layi: wane titi ne iyaka, nawa ne diyyar motar da aka ƙona. Hannuna har gumi yake a bayan waya, alhali ko harsashi ɗaya ba a harba ba.

Da aka rufe layukan sadarwa a jiharmu a watan Satumba na 2021, na ɓace ba sallama. Ko da na dawo, an kwashe rabin unguwarmu, don sharuɗɗan sulhun a wurina kaɗai suke. Yanzu duk yarjejeniyar da muka ƙulla sai mataimakina na Kaduna ya adana kwafi, kuma yana da ikon zama a madadina ranar da layi ya ɗauke.