Lauya cikin kaki

A gidanmu da ke Ƙofar Sauri a Katsina babu wanda ya ɗaga murya lokacin da na tafi Kongo ta Zariya karatun shari'a. Rigima ta tashi ne bayan na gama makarantar lauyoyi ta Bagauda na ce soja zan shiga. Gwaggo ta tafa hannu ta ce, "Ke yanzu duk aikin duniyar nan ki rasa na yi sai na kurtu?" Baba kuwa bai ce komai ba sai da dare, ya tambaye ni ko bindiga zan riƙe ko littafi. Na ce duka biyun, amma littafin zai fi yawa. Ya ce Allah ya yi albarka.

Ta hanyar da ake ɗaukar masu digiri na shiga, irin likitoci da injiniyoyi, a gasa mutum na 'yan watanni sannan a maƙala masa anini. Lauyancinki ba ya hana ki birgima cikin taɓo. Daga nan aka tura ni sashen shari'a, inda na kai ga muƙamin laftanar kanar.

Abin da farar hula ba su cika sani ba, soja yana ƙarƙashin doka biyu ne. Akwai wadda ta hau kan kowane ɗan ƙasa, akwai kuma Dokar Rundunonin Soja, babi na A20 a kundin dokokin tarayya na 2004, wadda asalinta dokar mulkin soja ce mai lamba 105 ta 1993. Ƙaramin laifi kwamanda ne ke yanke hukuncinsa a ofis. Babba sai kotun soja. Babbar kotun tana da shugaba da mambobi aƙalla huɗu, ƙaramar kuma shugaba da aƙalla biyu, dukkansu hafsoshi, kuma ba sharaɗi ba ne su zama lauyoyi. Shi ya sa ake zaunar da lauya a gefen shugaba, ya faɗi abin da doka ta ce, ya taƙaita shaida. Ba shi da ƙuri'a. Sau da yawa ni ce a wannan kujera, kuma mutumin da zan ce wa "wannan shaida ba ta karɓuwa" shi ne wanda na ƙame na sara wa da safe a bakin ƙofa.

Nan ne ainihin aikin yake, a ganina. Sanin doka kowane lauya ya sani. Faɗa wa na gaba da ke a'a, ta yadda zai ji kuma bai ji an ci masa fuska a gaban yaransa ba, wannan ba a koyar da shi a Bagauda.

Bayan an dawo da ni yankinmu, an kawo min fayil ɗin wani kurtu ɗan wajen Batsari. 'Yan bindiga sun shiga ƙauyensu, ya nemi izini bai samu ba, ya sulale ya je ya kwaso mahaifiyarsa da ƙannensa ya kawo su cikin Katsina, sannan ya dawo bariki da ƙafarsa. Kwamandansa ya fusata, ya rubuta tuhumar gudu daga aiki. Na shiga ofishinsa na rufe ƙofa, don irin wannan magana ba a yin ta gaban odali. Na ce, "Ranka ya daɗe, yaron nan ya yi laifi, ban musa ba. Amma gudu yana buƙatar a nuna niyyar ƙin dawowa, ko niyyar kauce wa fagen daga. Shi kuwa ba a sa shi cikin masu fita ba, kuma da kansa ya dawo. Fita ba izini ne. In muka kai shi da waccan tuhuma, Kotun Ɗaukaka Ƙara za ta watsar da ita, kuma sunanka ne a takardar." Ya daɗe yana juya biro a hannunsa. Ya ce in na bar wannan ya wuce gobe mutum goma za su tafi. Na ce ba wucewa zai yi ba, a hukunta shi da laifin da ya yi. Aka canja tuhumar, aka yanke masa albashi tare da ɗan zama a gadurum.

Kwamandan ma yana da gaskiyarsa, kada a ɗauka mugu ne. Rundunar da kowa ke tafiya in ya ga dama ba runduna ba ce. Amma duk wanda ya ga abin da ya biyo bayan boren da soja suka yi wa kwamandansu a barikin Maimalari a Maiduguri ya san nauyin takardar tuhuma. A Satumbar 2014 an yanke wa soja 12 hukuncin kisa, a Disamba aka yanke wa wasu 54 a wata shari'a ta daban, kan ƙin fita fagen daga. Da yake hukuncin kotun soja ba ya aiki sai hukumar da ke sama ta tabbatar da shi, a ƙarshen 2015 aka mayar da na mutum 66 ɗaurin shekara goma.

Abin da ya fi cin lokacina kuwa ba kotu ba ne, matan mamata ne. Soja ya shiga aiki yana saurayi, ya rubuta sunan yayansa a fom a matsayin makusanci, ya yi aure ya haifi 'ya'ya huɗu bai canja ba. Ya faɗi a daji, kuɗi su fita da sunan yayan, matar ta zo ofishina da goyo tana cewa, "Hajiya, ki taimake ni." Makusanci ba shi ne magaji ba, amana ce aka damƙa masa, rabon gado kuma na kotun Musulunci ne. Amma kafin a kai can wani yayan ya riga ya sayi babur ya ƙara aure. Yanzu duk lokacin da aka tara min sababbin kurata, ina barin maganar yarjejeniyar Janiba ta 1949, wadda ta shafi dokokin yaƙi, zuwa bayan azahar. Da safe fom nake rabawa, kuma babu mai tashi sai na ga sunan da ya rubuta.