Tarihin Rayuwata, Kashi na 9: Ƙwayar Aradu

Makon jiya mun tsaya a ranar da Kawu Sale ya dawo garinmu Garwa, a Kamaru, daga haƙar zinariya a yankin Mayo-Rey, ya rame ya yi baƙi ƙirin, ko dala babu a aljihunsa. Abin da ban gaya muku ba shi ne tsarabar da ya kawo mini. Duwatsu ne guda biyu. Ɗaya tsawon babban yatsa, mai gefe shida da tsini a kai kamar fensirin da aka feƙe, kana hango zanen tafin hannunka ta cikinsa. Ɗayan dunƙulalle ne, fari kamar alewar madara. Inna ta juya su a hannu, ta ce, "Wata takwas, Sale, sai tsakuwa?" Bai tanka ba, ya ci gaba da shan kununsa.

A 1994 ne, 'yan watanni bayan an karya darajar sefa, faran ɗaya na Faransa ya tashi daga sefa 50 ya koma 100. Komai ya yi tashin gwauron zabo. A unguwarmu ta Hausare wasu gidaje na da lantarki, mu kuwa fitilar ƙwai ce, Inna kuma ta kafa doka: ana idar da isha'i a hure ta, don kalanzir ba ruwan Binuwai ba ne.

A cikin wannan duhu, wani dare da zafi ya hana barci, ina kwance a tabarma ina wasa da duwatsun, sai na goga su da ƙarfi. Haske ya gilma. Ba tartsatsi ba ne irin na ƙyastu da ke tsalle waje, a cikin dutsen yake, ruwan ɗorawa-ɗorawa, ya bayyana ya ɓace. Na sake gogawa, ya sake yi. Na kai hanci na ji ƙauri kamar na gashin da ya taɓa wuta. Ƙanwata Zulai ta ce, "Yaya, mene ne wannan?"

Da na ce ban sani ba, da magana ta ƙare nan. Amma bakina ya riga hankalina. Na ce, "Ƙwayar Aradu ce."

Mun saba jin gatarin aradu a bakin tsofaffi, don haka sunan bai yi mata baƙo ba. Sauran kuwa ni na gina shi, dare bayan dare. Na ce akwai birni a ƙarƙashin Binuwai, daidai gindin gada, dorinan da muke gani dawakin sarkinsu ne da aka sako kiwo. Mutanen birnin ba su san rana ba, ba su san itacen girki ba. Ƙwayar Aradu guda bakwai ce kawai a duniya, a rataye a ƙofofinsu bakwai, ita ke haska musu titi, ita ke dafa musu tuwo. Shekara arba'in-arba'in ɗaya ke faɗowa a kan dutsen Tingilin, ranar da aka yi tsawa babu ruwa. Ta bakwai ce wani bafaden sarki ya sace ya gudo da ita, ƙofar ta kwana cikin duhu har yau. Na ƙara da cewa ba ta haske a hannun maƙaryaci. Wannan doka ta yi mini rana ƙwarai, domin yara ba su da ƙarfin gogawa, kowa ya gwada ya kasa, sai ya sunkuyar da kai yana tuna laifinsa. Ni da na shirya ƙaryar duka, ni kaɗai take yi wa haske.

Kafin mako biyu zaurenmu ya cika. Abokina Buba yana juya labarin da Fulatanci ga yaran unguwar Fulɓere, muna raba riba. Ganin haske sau ɗaya dala biyar ne, wanda ba shi da ita ya kawo gyaɗa ko mangwaro biyu.

Sai da na shiga lise, wato makarantar sakandare, na san sunan dutsen. Malamin kimiyya ya cire agogonsa ya nuna mana kalmar Quartz a fuskarsa, ya ce akwai ɗan ƙanƙanin yanki na irin dutsen a ciki, batir na sa shi karkarwa sau 32,768 a daƙiƙa ɗaya, da haka agogo ke ƙirga lokaci. Ya ce wasu 'yan'uwa biyu a Faransa, Pierre da Jacques Curie, su suka gano a 1880 cewa in an matse shi yana ba da lantarki. Na yi ta murmushi ni kaɗai a bayan aji. Ashe ƙaryata ma tana da dangi a cikin gaskiya.

Amma wannan daga baya ne. A lokacin, ciniki ya fara ja baya, yara sun gaji da haske, sai na yi ƙarin da har gobe nake nadamarsa. Na ce ruwan da aka tsoma ta a ciki yana sauke kowane irin zazzaɓi.

Daren Alhamis, Baba na zaune a ƙofar gida da rediyonsa, sai ga Goggo Dija maƙwabciyarmu ta yi sallama, ƙwarya a hannunta cike da ruwa. Kwana huɗu ke nan autanta yana kwance, jiki kamar garwashi, an ce ta kai shi asibiti ta ce kuɗin bai haɗu ba. Matar da ta goya ni, ita ce ta durƙusa a gabana. Ta ce, "Ɗan nan, don Allah ara mini dutsen nan naka in jiƙa wa ƙaninka. Ga dala goma, abin da nake da shi ke nan."

Na ji Baba ya kashe rediyo. Ya ce, "Wane dutse?"

Mu haɗu mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.