Waƙar da ta ci mani tuwo a ƙwarya a wajen koyar da lissafi

Ƴan katiryam, wato aji na uku na koleji, nake koya wa lissafi da marece a zauren gidanmu a Tahoua, ƴaƴan maƙwabta da na dangi. Abin da ya fi ɓata mani rai bana waƙa ce guda da suka zo da ita a haddace daga lakwal: "In ya tsallaka, ya canza alama." Wato duk abin da ya tsallaka alamar daidai (=) zuwa ɗaya gefen, + ya koma −, − ya koma +.

A kan x + 7 = 12 ba ta da laifi, 7 ya tsallaka ya zama −7, an samu 5, kowa na murna. Wannan murnar ce ke ɓoye ɓarnar. Ranar da na rubuta 3x + 50 = 275 a allo, duka suka kai 3x = 225 lafiya lau. Daga nan wasu suka ce x = 222, wai 3 ya tsallaka ya zama −3. Wasu kuma suka raba da −3, suka kawo mani −75. Ba wanda ya ji wani abu ya yi masa banbaraƙwai.

Sai na ajiye alli na ce: "Na sayi kashi uku na albasar Galmi, na ba mai kura dala goma, duka na kashe dala hamsin da biyar. Nawa kashi guda?" Ban rufe baki ba wata yarinya da ke taya uwarta talla ta ce: "Mushe, dala sha biyar mana." Ita ce fa ta rubuta 222. Dala guda faranka biyar ce, don haka dala sha biyar ɗin nan shi ne 75 na allo, tambaya guda ce. Da na ce ta faɗi yadda ta yi, ta ce ta fidda kuɗin mai kura, ta raba sauran gida uku. Ba abin da ya tsallaka ko'ina. Ba mamaki, shi kansa al-Khwarizmi, shahararren masanin lissafi, a Bagadaza, wajen shekara ta 820, da zance zalla yake warware irin waɗannan, babu x babu alama.

Tun ranar na hana waƙar a zaurena. Alamar daidai sikelin mai nama ce: abin da ka yi wa hannu guda, yi wa ɗayan. Ka cire 50 nan, cire 50 can, kuma a rubuta shi a gani. Sannan tambaya: me 3 yake yi wa x? Ninka shi yake, to raba za a yi, ba ragewa ba. Aikin ya ƙara tsawo, yara sun yi ta gunaguni wai kaye zai ƙare. Ya ƙare ɗin.

Mai koyarwa da misalin kuɗi ya kula, kada a gama dala da faranka a layi guda, don na ga 3x + 50 = 55.

Sai dai waƙar ba ta mutuwa da sauƙi. Da an ce dabuwar ce, wato gwajin aji, lokaci na tafiya, sai ta dawo, musamman a kan irin 5 − 2x = 11, inda −2 ke rikiɗa ya koma +2. Ga birbe, jarrabawar gama koleji, tana jiran su baɗi. Shi ya sa yanzu ba na duba amsar kowa sai ya mayar da ita cikin tambayar da kansa. Mai 222 ya ninka da 3 ya ƙara 50, ya ga 716 a inda ake neman 275, shi zai goge da hannunsa kafin in ce uffan.