Daga wasan daɓe zuwa bayan kyamara a Ikko

A Agege na fara wasan daɓe, a filin wata makarantar firamare, zannuwan gado biyu ne labulenmu. Malaminmu kullum maganarsa ɗaya: ɗaga murya har tsohuwar da ke layin ƙarshe ta ji ka. Na yi shekara bakwai a kan wannan karatu.

Ranar da na koma bayan kyamara, karatun nan ne ya fara kunyata ni. Gajeren fim ne kan wani ɗan dako a kasuwar Mile 12, 'yan wasan kuma duk abokaina ne na daɓe. Da muka zauna tacewa sai ga kowa yana zare ido, yana wurga hannu kamar mai tallar maganin gargajiya a tasha. Ashe ita kyamara a gaban hancinka take zaune, ƙiftawar ido ma ta ishe ta. Rabin abin da muka ɗauka haka na zubar.

Sai kuma sauti. Ikko ba ta yin shiru don kana ɗaukar fim: ga janareta, ga hon ɗin motocin haya na danfo, ga kwandasta yana kiran Ketu. Na tambayi wani dattijo mai albasa lokacin da kasuwar ke lafawa. Ya yi dariya ya ce, "Ɗana, shiru kake nema a nan? To Allah ya ba da sa'a." Na ce, "Amin, Baba." Ƙarshe a ɗakina muka sake naɗar muryoyi, mun jingina katifu a bango.

Amma kada in ci amanar daɓe, domin shi ya cece ni a fim na biyu. Duk ranar ɗauka kuɗi ce: hayar kyamara da fitilu, man janareta, abincin ma'aikata, da ɗan abin da samarin unguwa za su karɓa kafin su bar ka ka kafa kaya. Gwaji kuwa kyauta ne. Mai fim da kuɗin aljihunsa ba shi da gatan da ya wuce wannan. Mako uku muka yi muna gwaji a shagon wani tela bayan ya tashi aiki, har kowa ya haddace maganarsa, ya san inda zai tsaya da inda zai juya. A nan na riƙa rage musu murya kaɗan-kaɗan, ina ɗaukarsu da waya ina nuna musu fuskokinsu. Da ranar ta zo, kwana huɗu muka gama. Na sha ganin darakta yana koya wa ɗan wasa magana alhali fitilu na kunne, mai na ƙonewa. Ni a ganina wannan almubazzaranci ne.

Hanyar ma ba ni na share ta ba. Hubert Ogunde, shahararren ɗan wasan daɓen Yarbawa, ya fi shekara 30 yana yawo da ƙungiyarsa gari-gari kafin ya shiga fim. A Kano ma ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa ce ta fitar da fim ɗin Turmin Danya a 1990. In na wuce babban gidan wasan ƙasa na Iganmu, inda aka yi bikin al'adun baƙar fata na duniya, wato FESTAC, a 1977, nakan tuna da su.

Kasuwa ce har yanzu ban gane kanta ba. 'Yan fim na Surulere a nan Ikko su ce fim ɗin Hausa ai sai Kano, na Kano su ce Hausarmu ta sha ruwan Ikko. Sai na sa fim ɗina na biyu a YouTube, ina kallon lambobi suna hawa ba tare da na ji dariyar kowa ba. Abin ya dame ni, na ari majigi na haska shi a bangon makarantar nan ta Agege. Na tsaya a layin ƙarshe. Da aka zo wurin da ɗan wasan ya yi magana ƙasa-ƙasa, wata tsohuwa kusa da ni ta juya ta ce wa yaran da ke surutu, "Kai, ku yi mana shiru mu ji."