Ɗakin Iya da ledar fiya wata

Ta ƙofar ɗaukar kaya na shiga harkar fim a Kano. Ni ne mai sauke fitilu daga mota, ni ne mai naɗe waya. Da aka lura ina da ido a jeren ɗaki, sai aka bar mini tsara wuraren da za a ɗauka. Na daɗe a haka kafin na tattara 'yan kuɗaɗena na zama furodusa, kuma na ƙi sakar wa kowa tsarin wuri. Sai na koma ina rigima da kaina: mai tsara wuri ya ce a sayo, furodusa ya dafe aljihu.

Akwai wani fim da na yi, labarin wata tsohuwa ne a ƙauye kafin 1973, zamanin fam da sule, naira ba ta zo ba tukuna. Kwana uku ina zarya a Kasuwar Kurmi ina neman akushi, faifai, moɗa da aci-balbal. Kwanukan jere a wurin gwaggona na aro, bisa sharaɗin ko ɗaya ya kwarzane ni da ita ne. Kwabo mai huji kuwa, sai da na yi wa wani dattijo sintiri kafin ya ba ni guda huɗu.

Na gama jere ina ta jin kaina, sai Iya mai gidan da muka ara ta leƙo.

"Ɗan nan, wa ya ce maka ana ajiye randa a bakin ƙofa? Rana ta dake ta, ka sha ruwan zafi?"

"To Iya, ina za a kai ta?"

Ta nuna lungu, ta sa aka zuba yashi aka jiƙa, aka ɗora randar. Ta dubi bango ta ce ɗakin da ake kunna aci-balbal ba ya rasa baƙin hayaƙi a saman alkuki. Duk yawona a Kurmi bai koya mini wannan ba. Tun daga ranar, ba na jera ɗakin da ban tambayi masu kwana a irinsa ba.

Ɓarnar sai a wurin tacewa ta fito. Muna zaune a wani ofis a titin Gidan Zu, edita ya tsayar da hoto ya ce, "Yallaɓai, mene ne wancan a ƙarƙashin gado?" Ledar fiya wata ce, wani ya tsotse ya cusa. Jarumar ta riga ta wuce Jos wani aikin, ga kuɗin mota da na abincin mutum ashirin idan za a sake. Na yi lissafi, na ce a yanke. Hoton da ya fi kowanne nuna kwanukan gwaggo shi ya tafi.

Yanzu kafin darakta ya ce a fara, sai na durƙusa na haska ƙarƙashin gado da fitilar waya, na ɗauki hoton kowace kusurwa. Mai jin ƙishi kuma ya fita tsakar gida ya sha.